Mai Amsa Sunan Maigida

Matamaye, watan Disamba

Zuwa ga maigida, Baban Marwan,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da mutanenmu na Legas. Ya tura kurar ruwa, ya ciwon kafaɗar? Mu nan lafiya lau. Inna tana gaishe ka, ƙafarta ta yi sauƙi tun da aka canja mata magani. Marwan yana zuwa lakwal, karatun boko na tafiya, Anisa ta yi tari amma ya wuce.

Kada ka yi mamakin takarda alhali ga salula. A salula kai ke magana ni ina cewa to, kafin in kai ga tawa kuɗin kira sun ƙare. Karatun manyan da aka koya mana a koperatib yau ga ranarsa, sai ka daure ka karanta har ƙarshe.

An rufe mana famfon lambu. Ranar babban taron shekara muna zaune ƙarƙashin gawo, sai ga wani ma'aikaci daga biro, wato ofishin da ke sa ido kan koperatib, da jakarsa da tabarau, ya ce ya zo ganin yadda muke taro. Muka shimfiɗa masa tabarma, muka fere masa rake. Malam Sakatare ya fara kiran suna kamar kullum. Ka san yadda muke yi tun da aka kafa Koperatib Tafkin Gawo. Ku maza aka rubuta, don dattawa sun ce ba ya kyautu a sa sunan matar aure a takardar gwamnati ga mijinta a raye. Kaka na wucewa ku tafi cin rani, mu ke shuka, mu ke ban ruwa, mu ke amsa suna. Aka kira naka da farko tunda kai ne shugaba, na ce na'am. Mutumin ya ɗaga kai ya dube ni, ya mai da kai. Aka kira na biyu, mace ta amsa. Na uku ma haka. Da aka zo kan Mahamadu Kurni, matarsa Shekara ta ce na'am, sai ma'aikacin ya ajiye alƙalami ya ce, "Ina mai sunan?" Ta ce, "Ai Allah ya yi masa rasuwa tun shekarar da tafki ya cika ya shiga gari." Ya ce, "To mamaci ne ya zaɓi shugabanni bara?" Wallahi har dariya wasunmu suka yi, ba mu san abin da ke tafe ba.

Mako bai zagayo ba suka dawo da takarda da kwaɗo. Takardar ta ce an dakatar da koperatib, don waɗanda ba membobi ba ne ke taro suna yanke shawara. Suka garƙame ɗakin famfo da magaza, ɗakin ajiyarmu, taki da iri duk suna ciki. Suka ce in ba a warware ba, za a ba wata ƙungiya lambun, tunda filin da famfon na gwamnati ne, amana aka ba mu. Ba wanda ya tambaye mu komai, ba wanda ya ce ku gyara kafin mu rufe.

Baban Marwan, shu, kabejin nan namu, ya fara naɗe kai, albasa ta fito gwanin kyau, ga salati. Itatuwan lemun tsamin da na dasa shekarar da na haifi Anisa, bana ne suka fara fure. Ka san daga lambun nan nake sayen littafin Marwan da maganin Inna duk watan da aikenka ya yi jinkiri. Yanzu da guga muke ja daga tsohuwar rijiya, ruwan ba ya kai wa tsakiyar fili. Kai ne shugaba a takarda. Ka faɗa mini abin da za mu yi, kuma ka yi sauri.

Taka,
Uwar Marwan

*

Legas, watan Disamba

Zuwa ga Uwar Marwan,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso ta hannun direban Kano, na karanta, na kuma karanta wa ƴan ɗakinmu, tunda matansu ma abin ya shafe su. Ina lafiya, kafaɗa da sauƙi. Ki gaishe da Inna, ki ce ina neman addu'a. Ki ja wa Marwan kunne kan ƙwallo.

Ku mata kun cika firgita. Wannan ai ma'aikaci ne yake son a san da zamansa, nan ma haka suke yi mana kullum, a kama kura da safe a sake ta da yamma. Laifin Shekara ne. Me ya kai ta faɗin gaskiyar da ba a tambaye ta ba? Da ta ce yana Kano, da yanzu ba a wannan magana.

Ga abin da za ku yi. Ki ɗauki dattijai biyu cikin matan, ku je gidan Alhaji Yunus ku gaishe shi. Babana ya yi masa noma, ya san ni tun ina yaro, kuma babu biron da ba a miƙe masa in ya shiga. Kalma ɗaya zai faɗa a cire kwaɗon. Na ji wasu a nan suna maganar kotu, na ce a'a. Mu ba a san mu da ƙara ba, balle mace ta tsaya gaban alƙali mijinta na wata ƙasa. A roƙa tukuna, roƙo bai taɓa ɓata wa kowa suna ba.

Zuwa gida yanzu ba zai yiwu ba, lokacin ciniki ne, famfunan unguwa duk sun ƙafe, jarka ta yi tsada. In direban zai dawo ki ba shi yaji da ƙuli, na nan ba ya ciyuwa.

Mijinki,
Sallau

*

Matamaye, watan Janairu

Baban Marwan,

Gaisuwa da fatan alheri. Muna lafiya, sai dai Inna ta koma kwanciya da rana. Ga yaji da ƙuli nan, ka ci lafiya.

Mun je gidan Alhajinka. Ni da Shekara da Indo muka zauna a zaure tun hantsi har aka kira azahar. Da ya fito ya amsa gaisuwa da fara'a, ya tambaye ka, ya sa aka ba mu sabulu da goro. Na faɗi abin da ya kawo mu. Ya ja carbi, sannan ya ce, "Lambu irin wannan ai ya fi ƙarfin mata. Ku yi haƙuri, Allah zai kawo mafita." Muna fita sai Indo ta taɓa ni ta nuna mini gefen garejinsa. Tiyo ne sababbi fil, a naɗe, tuli guda, irin na ban ruwa. Alhaji ba shi da lambu, Baban Marwan. A kasuwar Juma'a muka ji sauran labarin: ya kafa tasa koperatib da ƴaƴansa da direbobinsa, har ya kai takardar neman Tafkin Gawo. Wurin wanda ke jiran mu faɗi ka aike mu roƙo. Sabulun na ba maƙwabta, ban iya wanka da shi ba.

To ka ji abin da na yi, ko ranka zai ɓaci. Mun haɗa kuɗin mota na tafi Damagaram wurin wata lauya, Metir Rashida, ƴar garin Dawce ce, uwarta ƙawar Indo. Ta karanta takardar dakatarwar, ta karanta dokar koperatib ɗinmu. Ta ce hukuncin yana da rauni biyu. Na ɗaya, ba a yi mana gargaɗi ba kuma ba a saurare mu ba. Na biyu, dokarmu da kanta ta yarda memba ya wakilta wani ya zauna masa a taro. Ta ce za a fara rubuta wa waɗanda suka yanke hukuncin a nemi su janye, in sun ƙi a wuce kotun Yamai, babban birni, mai duba irin wannan. Na ji sanyi a raina, na ce to bismilla, ina zan sa hannu?

Sai ta dube ni ta ce, "Ke ba za ki sa ba. Ba ki da bakin ƙara, ba memba ba ce." Na ce shekara goma sha ɗaya nake cikin lambun nan, ga hannuna ki gani. Ta ce ta gani, amma kotu ba hannu take dubawa ba. Wato ni da akuyar da ke tsallaka darni ta ci salati, matsayinmu ɗaya a wurin.

Hannunka ake so, kai shugaba, da na sauran mazan, kowa ya shaida cewa shi ya wakilta matarsa. Ga takardun nan cikin leda. Kuma akwai wa'adi, Metir ta maimaita mini har na haddace: in ya wuce, ko gaskiyarmu ta kai hasken rana ba mai sauraronmu. Roƙon da ka sa mu ya riga ya cinye kusan rabinsa. Don Allah, don darajar Inna, kada ka ajiye su ƙarƙashin katifa.

Uwar Marwan

*

Matamaye, ƙarshen Janairu

Baban Marwan,

Ina gaisuwa. Ban san ko kana lafiya ba, tunda salularka a kashe take, direban Kano kuma ya je ya dawo hannu wofi. Mu muna raye.

Shu ya tafi. Ganyen ya yi rawaya ya kwanta, muka cire muka zuba wa awaki. Albasa ta tsaya kamar tsinke. Matan da yawa sun daina zuwa, ba na ganin laifinsu. Ni da Shekara da Indo muka ce ko komai zai mutu ban da itatuwa, don ganye ana sake shukawa, itace kuwa shekaru ne. Da asuba muke fita, mu ja guga, mu ɗora jarka a ka, mu bi su ɗaya bayan ɗaya. Famfo na can cikin ɗakinsa, faifan hasken rana na sheƙi a kan rufi, ni ina wucewa ta gabansa da jarka kamar jaka. Kai kana tura ruwa a Legas ana biyanka, ni ina ɗaukar ruwa a Matamaye ana yi mini dariya. Yaran Alhaji har zuwa suke suna auna fili da igiya, muna gani.

Me na yi maka? Ko don na je Damagaram ba da izininka ba? In haka ne ka zo ka yi mini faɗa, amma ka sa hannu tukuna. Metir ta kira ta ce wa'adi ya zo wuya. Matan sauran suna zuwa gidana suna tambaya, ina matar shugaba, me shugaba ya ce? In ce musu me?

Na gaji, wallahi na gaji. Bayana ya ƙare, wuyana ba ya juyawa, jiya a zaune na yi sallar isha. Wani lokaci sai in ce da ma ban taɓa sanin lambun nan ba, da ma wani ya ɗauke mini shi in huta. Sai kuma in ga furen lemun nan ya fara zama ƴaƴa ƙanana kamar gujiya, in sake ɗaukar jarka.

Ka amsa mini ko da layi ɗaya ne.

Uwar Marwan

*

Legas, watan Fabrairu

Uwar Marwan,

Salamu alaikum. Ina fatan wannan ta same ku lafiya. Takardunki biyu tare suka same ni a kwance. Zazzaɓi ne ya kayar da ni, salula kuma na sayar na sayi allura. Ba fushi na yi ba, ko da yake zuwanki Damagaram bai yi mini daɗi ba, ƴan ɗaki har tsokanata suke wai matata ta zama lauya. Ki riƙa kyautata mini zato.

Ga takardun nan. Da na miƙe na bi mutanenmu ɗaya ɗaya, wani a Agege, wani a bakin tashar jirgin ruwa, wani sai da na jira shi ya sauka daga gadi. Masu iya rubutu sun sa hannu, sauran sun dangwala. Na biya direba na musamman don ya kai su Ɗan Barto, bakin iyaka, da wuri. Maganar Alhaji kuwa, ban yarda da duk abin da ake faɗa a kasuwa ba, mutum ne mai son alheri, wataƙila gani ya yi kada filin ya faɗa hannun baƙo.

Abin da kika rubuta kan bayanki ya tsaya mini a rai. Na karanta shi ya fi a ƙirga. Ban aure ki don ki zama jakar ruwa ba. In Allah ya yarda zan san yadda na yi na hutar da ke.

Ki gaishe da Inna da yara. Sai damina.

Mijinki,
Sallau

*

Matamaye, watan Janairu na shekara mai bi

Zuwa ga maigida, Baban Marwan,

Assalamu alaikum. Ina fatan ka koma lafiya, kuma zazzaɓin bara bai sake waiwayarka ba. Hatsin da ka noma da damina yana nan, muna ci da lissafi. Inna tana yi maka addu'a. Anisa ta shiga lakwal, kullum sai ta nuna mini allonta.

Albishirinka. Mun yi nasara! Jiya Metir Rashida ta zo da kanta har Matamaye da takardar kotu. An soke dakatarwar. Alƙalai sun ce ba a bi ƙa'ida ba, ba a rufe wa mutane abincinsu ba tare da an ji ta bakinsu ba, kuma wakilci halal ne a dokarmu. Ma'aikacin nan mai tabarau shi aka aiko ya buɗe kwaɗon. Da famfo ya yi tari ya tofo ruwa, Indo ta rangaɗa guɗa, Shekara ta zauna a ƙasa tana kuka. Ni hannu na tara na sha, ruwan da ɗumi da warin ƙarfe, amma ban taɓa shan mai daɗinsa ba.

Akwai abin da ban faɗa maka ba da kana gida, don bakina ba ya buɗewa a gabanka. Ka tuna ranar da na je Damagaram da damina na dawo na kwanta ban ci tuwo ba? Ranar aka ɗauki bayaninmu don a aika Yamai. Metir ta ja ni gefe ta ce, duk ƙarar a kan magana ɗaya ta tsaya, cewa ku mata ƴan aike ne. In kika ce lambunki ne, kin ba su gaskiya. Mai rubutu ya tambaye ni, "Ke memba ce?" Na ce a'a. "Kina da kaso a lambun?" Na ce a'a. "To me kike yi a taro?" Na ce maigidana ke aike na, abin da ya ce shi nake faɗa. "Itatuwan da ke fili na wa ne?" Baban Marwan, na buɗe baki na ce naka ne. Kai da ba ka san ko guda nawa ba ne. Haka matan nan suka shiga ɗaya bayan ɗaya, kowace ta rantse ita ba kowa ba ce. Da wannan muka ci shari'a.

Ba komai, ya wuce. Itatuwa sun rayu, biyu kawai suka bushe, sauran har na kai lemu kasuwar Kance. Yanzu saura gyara. Metir ta ce lalle membobi su yi taro na gaskiya, su da kansu, don kada a sake samun ƙofa. Ta ce a taron nan ne za ku iya shigar da mu a matsayin membobi, kowace da sunanta, a kuma mai da sunan marigayi Mahamadu na Shekara, don yanzu ita ba ta da madafa ko kaɗan. Abu ne mai sauƙi, ku ɗaga hannu kawai. Mun yi shawara mu jira ku dawo da damina a yi shi ƙarƙashin gawo, mu dafa muku shinkafa. Ka faɗa wa sauran. Mu dai gobe za mu fara yayyafa irin albasa, ko da an makara.

Taka,
Uwar Marwan

*

Legas, watan Fabrairu

Zuwa ga Uwar Marwan,

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Alhamdu lillahi! Labarin nasara ya iso mu tun kafin takardarki, ranar har nama muka saya. Kowa yana sa miki albarka, ni ma kaina ya ƙara tsawo a cikin mutane. Ina lafiya. Ki gaishe da Inna, ki ce wa Anisa zan kawo mata jaka.

Ni ma ga nawa albishir. Taron da lauyarku ta ce a yi, mun riga mun yi shi, ba sai an jira damina ba. Da muka duba, membobi mafi yawa muna nan Legas. Babban ɗan Alhaji Yunus ya zo sayen kaya, ya neme mu, shi ya ma tuna mana cewa doka ba ta ce sai a Matamaye ba. Muka taru bayan Juma'a a harabar masallaci, aka kira suna, kowa ya amsa da bakinsa, aka rubuta komai yadda ba mai iya cewa uffan.

Ga abin da muka yanke. Mun ba koperatib ɗin Alhaji hayar lambun shekara goma. Shi zai kula da famfo, shi zai yi fama da ma'aikata da takardunsu. Kowane memba za a riƙa ba shi rabonsa duk shekara yana zaune, an ma ba mu na farko a hannu. Da nawa zan sayi babur in bar tura kura, kafaɗata ta huta. Kin ga Alhaji ba mugu ba ne, da ya so da ya karɓa kyauta lokacin da muke ƙasa, amma ya jira ya biya.

Na san za ki ce ba a shawarce ku ba. To ai ke kika rubuta da hannunki, takardar tana cikin jakata har yanzu: da ma wani ya ɗauke mini shi in huta. Da na karanta wa mutane wannan layin, wallahi wasu har ƙwalla suka yi, kowa ya tuna tasa matar. Shi ya sa hannu ya tashi gaba ɗaya. Na yi miki alkawari zan hutar da ke, ga shi na cika.

Maganar shigar da mata, mun ga tunda an ba da haya babu sauran amfaninta, sai ƙarin surutu. Shekara kuwa an cire sunan marigayi kamar yadda doka ta ce, amma ɗan Alhaji ya yi alkawarin za a ba ta wani abu na alheri. Ki kwantar da hankalinki, ki yi ƙiba kafin in dawo.

Mijinki mai tausayinki,
Sallau

*

Matamaye, watan Maris

Baban Marwan,

Na gaishe ka. Inna lafiya, yara lafiya. Ina taya ka murnar babur, Allah ya tsare hanya.

Takardarka ta zo bayan motar Alhaji, don haka ba ta ba ni labarin komai ba. Muna cikin dashen albasa suka shigo da tiyon nan da na gani a garejinsa, ashe duk wannan lokaci yana nan yana jira. Na kira Metir, na ce a koma kotu. Ta ce, "A kan me? Membobi sun taru, sun cika, sun yanke. Wannan taron ba shi da aibi ko ɗaya." Na ce to mu fa? Ta ce, "Ku ai kun riga kun rantse." Ita ma kuka take, ina ji.

Ka ce ni na rubuta. E, ni na rubuta. Na rubuta maka a daren da bayana ya hana ni ruku'u, don ina zaton miji ne wurin da mace ke kai gajiyarta. Layin da ke ƙarƙashinsa fa, na furen lemu, shi ba ka karanta wa mutanen masallaci ba? Shekara guda na ɗauki ruwa a ka don itatuwan nan, kai ka ga wahalar, ba ka tambayi don me ake yin ta ba. Da ka kira ni sau ɗaya ka ce, Uwar Marwan, kina son a bayar? Ko da kuɗin kiran za su ƙare a tsakiya, a'a ba ta da tsawo.

Abin alherin Shekara ya iso. Turmin atamfa ne da sabulu.

Hutun da ka ba ni, na gwada shi mako guda. Ranar kasuwa ta zo ba ni da abin kaiwa, maganin Inna ya ƙare, malamin su Marwan ya aiko neman kuɗi. Sai muka ji wakilin Alhaji yana neman ƴan ƙwadago a lambu, kuma ya fi son matan da suka san wurin. Na ɗaura zane na tafi, ni da Shekara da Indo. Kada ka ce na zubar maka da mutunci, ba ni da wani lambun da na iya.

Rake Alhaji zai shuka daga darni zuwa darni, ya ce itace yana tare masa wuri. Ranar da muka fara, an riga an sare lemun tun da safe. Aikin da aka ba mu shi ne kwashe rassan mu kai bakin hanya. Akwai ƴaƴa a jikinsu, kore shar, ba su gama nuna ba. Na cika bakin zanena da su, wakilin ya gani ya kau da kai. Ƙamshin ganyen bai bar hannuna ba har yanzu da nake maka rubutu.

Da la'asar aka tara mu ƙarƙashin gawo, daidai inda muke taro, za a sallame mu. Wakilin ya buɗe littafi ya fara kira. Na ji ya ce, "Najaha Abdulrazak." Na tsaya ina dube-dube in ga wace ce. Ya sake kira. Sai da Shekara ta zungure ni da gwiwar hannu ta ce, ke ake nufi. Shekara goma sha biyu ina amsa sunanka a gindin itacen nan, ban taɓa jin an kira nawa ba sai ranar. Na ce na'am, na miƙa hannu.

In ka tashi aiko da rabonka na haya, ka aika wa Inna. Ni ba ni da kaso a ciki, na riga na rantse a kan haka.

Najaha